Hukuncin Cin Kifi Mai Siffar Maciji

Da sunan Allah, Mai rahama, Mai jinƙai.

'Yan'uwa Musulmi, wasu masu fataucin busasshen kifi a Kasuwar Monday ta Kakuri, nan ƙetaren kogin Kaduna, sun aiko mana da tambaya game da wani dogon kifi mai santsin jiki da masunta ke kamawa a gaɓar teku, wajen Ikko. In an banda shi an naɗe, sai ka rantse maciji ne, har masu saye na ja da baya. Shin ya halatta a ci, a kuma sayar?

To, magabata sun san wannan halitta. Larabawa na kiran ta jirri, Farisawa kuwa marmahi, watau kifi-maciji. Imamu Buhari ya kawo cewa Ibnu Abbas, Allah Ya ƙara masa yarda, ya halatta cin sa. Asalin hukuncin yana aya ta 96 ta Suratul Ma'ida, tare da hadisin Muwaɗɗa wanda ya tabbatar da tsarkin ruwan teku da halaccin mushensa. Hatta Hanafawa, da suka taƙaita halaccin ga kifi kaɗai, sun lissafa shi cikin kifaye. Kama da maciji ba ta haramta shi. Wanda ransa ya ƙi, ya bari, amma kada ya ce haram ne.

Mai kama da shi a ƙasarmu ita ce gaiwa, kuma lamarinta ya fi ban mamaki. Tana da huhu, iska take shaƙa. In fadama ta ƙafe sai ta nutsa cikin laka, ta lulluɓe kanta da yauƙi, ta yi watanni tana cin jikinta, har damina ta faɗi. Wani zai ce, ashe ta zama dabbar tudu, sai an yanka? A'a. Muhtasar na Shehu Halil ya nuna cewa dabbar ruwa tana nan kan hukuncinta ko da ta daɗe a tudu, kuma wannan ne mashhurin Malikiyya.

Abin da ya kamata fatake su bincika shi ne yadda aka kama kifin. An sha samun masu zuba Gammalin 20, maganin ƙwarin koko, cikin ruwa don kifi ya taso. Guba ce, wadda ƙasashen duniya suka amince a hana a 2009. Kifin da ta kashe cin sa cuta ne, sayar da shi kuwa bayan an sani algus ne, kuɗinsa haram.

Allah ne Mafi sani.