Ƙwallon Mata: Har Yaushe Arewa Za Ta Zauna 'Yar Kallo?

A cikin watan Mayu na 2025 aka rufe kakar babbar gasar ƙwallon ƙafa ta mata ta Nijeriya a garin Ikenne na Jihar Ogun, inda kulob shida da suka fi zarra suka kara da juna, 'yan matan Bayelsa Queens na Yenagoa suka ɗauke kofin, wanda shi ne karo na shida da suka ci shi. Daga filin da aka yi wannan wasa zuwa Sabon Shagamu, inda Hausawa 'yan goro suka yi shekara da shekaru da zama, tafiyar 'yan mintoci ce a mota. Amma duk wanda ya san majalisun 'yan Arewa na Kudu, ko a Shagamu, ko a Agege, ko a Sabon Badun, ya san hirar ƙwallo ba ta wuce Arsenal da Barcelona ba, in an tuna gida a taɓo Kano Pillars. Gasar da ake yi a bakin ƙofa kuwa, sai ka ce a wata duniya ake yin ta. Wannan halin ko-in-kula yana da tsada, kuma 'ya'yan 'yan Arewa ne ke biya.

Ga wanda bai sani ba, tsarin gasar ba shi da wuyar ganewa. Akan raba kulob-kulob gida biyu, kowa ya buga da abokan rukuninsa gida da waje, sa'an nan a ɗebi uku na sama daga kowane rukuni a tara su gari guda, su yi kamar mako ɗaya suna gwabzawa, kowa ya gamu da kowa. Wanda ya fi maki shi ne zakara, kuma shi ke wakiltar ƙasar nan a wasannin share fage na Afirka ta Yamma. A 2024 an yi wannan zagaye a Yenagoa, Edo Queens na Benin suka je har gidan Bayelsa suka ɗauko kofin a karo na farko a tarihinsu. Da shekara ta kewayo, Bayelsa suka karɓe abinsu a Ikenne.

To, a duba jerin waɗanda suka ci wannan kofi tun da aka fara gasar a 1990. Jegede Babes na Ikko ne suka buɗe fage. Daga nan Ufuoma Babes na Warri suka riƙe ragama, Pelican Stars na Kalaba suka gaje su a ƙarshen shekarun 1990, sa'an nan Delta Queens da Bayelsa Queens da Rivers Angels na Fatakwal suka shiga karɓa-karɓa. Rivers Angels kaɗai sun ci sau bakwai, Delta Queens sau shida. Watau in an cire shekarar farko, kusan kullum kofin yana kwana ne a jihohin bakin teku masu arzikin mai. A duk faɗin jihohi 19 na Arewa, kulob ɗaya tak ya taɓa tsallake da shi Kogin Kwara, shi ne Nasarawa Amazons na Lafiya, a 2013 da kuma 2017. Kano da Katsina da Sakkwato da Borno, waɗanda ke cika filin wasa maƙil in maza na bugawa, ba su da ko sau ɗaya.

Wasu za su ce ai haka Allah ya yi, ƙwallon mata abin Kudu ne. Lafiya ta ƙaryata wannan magana. Abin da Jihar Nasarawa ta yi bai wuce abin da Ribas da Delta da Bayelsa suka yi ba: gwamnati ta ɗauki kulob ɗin a wuyanta, ta samo mai koyarwa wanda ya san aikinsa, ta bar shi ya daɗe yana gini. Christopher Danjuma, wanda ya horar da Amazons, shi ne kuma aka damƙa wa 'yan matan Nijeriya 'yan ƙasa da shekara 20 ya kai su gasar duniya. Har a Ikenne a 2025 Amazons suna cikin shidan da suka kai zagayen ƙarshe. Akwai kuma Adamawa Queens da Confluence Queens na Lokoja waɗanda suka sha bugawa a babbar gasar. Saboda haka maganar iyawa ba ta taso ba. Inda aka zuba kuɗi da kulawa an ga amfani, inda aka kau da kai kuwa ba a ga komai ba.

Amfanin kuwa ba ƙarami ba ne. Ran 26 ga watan Yuli na 2025, a birnin Rabat, Maroko ta sha gaban Nijeriya da ci biyu kafin a tafi hutun rabin lokaci, amma Super Falcons suka dawo suka zuba uku, suka ɗauki kofin Afirka a karo na goma. Mai koyar da su a wannan dare, Justine Madugu, mutumin Adamawa ne. Da suka dawo Abuja, Shugaban Ƙasa Bola Tinubu ya yi wa kowace 'yar wasa alkawarin kuɗi daidai da dala dubu 100 da gida mai ɗaki uku da lambar girma ta ƙasa. Da yawa daga cikin waɗannan 'yan mata a wannan gasa ta gida da ake rainawa suka koyi sana'arsu. Kyaftin Rasheedat Ajibade daga FC Robo ta Ikko ta taso. Mai tsaron gida Chiamaka Nnadozie daga Rivers Angels ta wuce Faransa a 2020. Asisat Oshoala, wadda aka zaɓa gwarzuwar Afirka har sau shida, ta bi ta FC Robo da Rivers Angels kafin Liverpool ta ɗauke ta a 2015, ta je har Barcelona. Halimatu Ayinde kuwa haihuwar Kaduna ce, ta yi wasa a Nasarawa Amazons da Delta Queens kafin ta fita waje, ta kuma wakilci Nijeriya a gasar duniya. Duk mai ɗauke da buhun albasa a Mile 12, ko mai kiwon shanu a kara, ya san abin da dala dubu 100 za ta yi wa gida guda.

Sai dai ba daidai ba ne a ɗauki iyayen da ke ja da baya a kan jahilai. Uban da ya ce ba ya son 'yarsa ta fita gaban dubban maza da gajeren wando yana da hujjarsa ta addini da ta al'ada. Uwar da ke tsoron a ɗauki 'yarta a mota daga Ikko zuwa Yola, kwana biyu a hanya, a sauke ta a masauki tare da mazan da ba ta sani ba, ita ma ba ta yi laifi ba. Akwai batun karatu, akwai batun aure, akwai kuma sanin cewa ƙwallo sana'a ce mai gajeren kwana, wadda karaya ɗaya kan iya rufe ta. Waɗannan tambayoyi ne na gaskiya, kuma duk mai son a ci gaba tilas ya amsa su.

Batun sutura shi ne ya fi sauƙin amsawa. Tun 1 ga watan Maris na 2014 hukumar da ke tsara dokokin ƙwallo ta duniya ta halatta wa 'yan wasa rufe kai a fili. A gasar duniya ta 2023, Nouhaila Benzina ta Maroko ta buga da hijabinta, hannu da ƙafa a rufe, ba wanda ya hana ta, ƙasarta kuma ta tsallake zagayen farko. Saudiyya kanta ta buɗe babbar gasar mata a 2022, har 'yan wasan Nijeriya irin su Ashleigh Plumptre suka je can neman abinci. In ƙasashen Musulmi irin waɗannan sun samo hanyar da 'ya mace za ta yi wasa cikin mutunci, ba a ga abin da zai hana Kano ko Zariya samo tasu hanyar ba.

Batun amana shi ne mai nauyi, kuma a nan masu gudanar da gasar ne ke da aiki a gabansu. Kowa ya ji yadda Super Falcons suka ƙi fita daga otal a Abuja a watan Disamba na 2016, bayan sun ciwo kofin Afirka a Kamaru, saboda ba a biya su haƙƙinsu ba, kuma aka sake irin wannan a Faransa a 2019. In manya da duniya ta san sunansu sai sun yi zaman dirshan kafin a biya su, ina ga yarinyar da ke buga wa ƙaramin kulob? Yawancin kulob-kulob ɗin nan da kuɗin gwamnatin jiha suke numfashi, in an canja gwamna ko kwamishina sai albashi ya tsaya. Wannan rauni yana bayyana in an fita waje. Tun da aka fara gasar zakarun kulob na mata na Afirka a 2021, Bayelsa Queens sun zo na uku a 2022, Edo Queens sun zo na huɗu a 2024, amma a cikin waɗannan shekaru huɗu na farko kofin ya tafi Afirka ta Kudu sau biyu, Maroko sau ɗaya, Kwango sau ɗaya. Ƙasar da ta ci kofin ƙasashe sau goma ta kasa cin na kulob, domin da yarinya ta fara haske sai ta tattara ta yi waje, ba abin da zai riƙe ta a gida.

To, ina ruwan ɗan Arewa mazaunin Kudu da duk wannan? Ruwansa kuwa har tsaki. 'Ya'yan da aka haifa a Agege da Idi-Araba da Sabon Badun da Fatakwal da Benin suna makaranta ɗaya da 'ya'yan masu gari, suna fita filin wasa ɗaya, suna ganin ƙawayensu ana ɗaukarsu zuwa kulob. Yarinyar da Allah ya ba ƙafa za ta buga, ko da sanin uba ko a ɓoye. In ta buga a ɓoye, to, ta faɗa hannun duk wani ɗan damfara da zai ce zai kai ta Turai, ba takarda, ba waliyyi, ba mai tambaya. In kuwa ta buga da sanin gida, uba zai san kulob ɗin, ya san mai koyarwa, ya san inda take kwana, ya kuma kafa sharaɗinsa. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Hani ba tare da kulawa ba shi ne tsagewar bangon.

Saboda haka akwai abin da ya kamata kowane ɓangare ya yi. Sarakunan Hausawa na garuruwan Kudu, tare da shugabannin 'yan goro da 'yan kara da 'yan gwari da 'yan canji, sun saba tara kuɗi don gina masallaci da Islamiyya da taimakon wanda gobara ta ci. Ba zai gagare su ba su ɗauki nauyin ƙaramar ƙungiyar 'yan mata a unguwa, da sharaɗi uku a fili: mace ce za ta kula da su a fili da kan hanya, sutura za ta dace da abin da iyaye suka yarda, kuma duk wadda ta bar makaranta ta bar ƙungiya. Uban da kulob ya nemi 'yarsa kada ya yarda da maganar baka. Ya nemi yarjejeniya a rubuce, ya kai wa wanda ya iya karatu ya duba masa albashi nawa ne, wa zai biya magani in ta ji rauni, kuma shekara nawa za a riƙe ta.

Hukumar gasar ita ma ta daina ɗaukar Arewa kamar ba ta cikin lissafi. Mutanen da ke kwana da rediyo a kunne, in an ba su sharhin wasa da Hausa za su saurara. Zagayen kulob shida ya je Yenagoa, ya je Ikenne, me zai hana a kai shi filin wasa na Ahmadu Bello a Kaduna, a ware wa mata da 'yan makaranta wurin zamansu, a gani ko za a zo ko ba za a zo ba? Gani ya kori ji. Alhaji Ibrahim Musa Gusau, wanda aka zaɓa shugaban Hukumar Ƙwallon Ƙafa ta Nijeriya a 2022, ɗan Zamfara ne, ya san irin tambayoyin da iyaye ke yi, ya kuma san ƙofofin da ake ƙwanƙwasawa. Gwamnonin Arewa kuwa, waɗanda ke zuba miliyoyi a kulob ɗin maza kowace shekara, su aika Lafiya su tambayi nawa Amazons ke ci, za su tarar ba kuɗin da zai karya baitulmali ba ne.

Ba kowace yarinya ce za ta zama Oshoala ba, kuma ba wanda ya ce a tilasta wa uban da bai so ba. Abin da ake cewa shi ne, ƙofa ce ta halaliya da wasu ke shiga suna fitowa da gida da ilmi da suna, alhali kuwa 'yan Arewa suna tsaye a bakinta suna kallon wasan Ingila a talabijin. Ba a fafe gora ranar tafiya: yarinyar da za ta ɗaga kofi nan da shekara goma, yau take aji huɗu na firamare. In an sake buɗe kaka, mai karatu da ke kusa da Agege ko Ikenne ko Benin ko Fatakwal ya ɗauki la'asar ɗaya ya je fili ya gane wa idonsa, sa'an nan ya yanke hukunci a kan abin da ya gani. Allah ya shirya zuriya, ya sa a dace.