Kafin mu ce sai namu ne zai busa usur

Rubutun nan zai ɗan yi tsawo, wanda datarsa ta kusa ƙarewa ya ajiye shi sai dare.

Tun shekaranjiya nake bin muhawarar da ake yi a gurup ɗinmu kan wasan da za mu sake bugawa da yaran ɗaya hostel ɗin. Ra'ayin da ya fi rinjaye shi ne ba za mu shiga fili ba sai an ba mu alƙalin wasa ɗan Arewa, kuma namu ne zai riƙe lasifika. Ban tanka a can ba, don a gurup kafin ka gama layi biyu an jefo maka sitika goma. Ni dai ban yarda da wannan sharaɗin ba, kuma dalilina daga wani wuri mai nisa na samo shi, sai ku yi haƙuri da ni.

Abokin ɗakina ɗan Anambra ne, kuma ya kamu da ƙwallon Amurka, wannan da ake sa hular kwano ana karo kamar raguna. Chicago Bears yake goyon baya, wai saboda Rome Odunze da suka ɗauka a 2024, wanda mahaifinsa ɗan Najeriya ne. Kafin shi ma ƙungiyar ta yi Adewale Ogunleye da Israel Idonije, wannan na biyun a Legas aka haife shi. Ni kuwa don in ba shi haushi kawai na ɗauki Green Bay Packers, kamar yadda a gida idan yayanka ɗan Madrid ne kai sai ka zama ɗan Barca. Wasa wasa har na wayi gari ina tashi ƙarfe ɗaya da 'yan mintuna na dare ina leƙa waya, ga lakca ƙarfe takwas. Allah Ya shirye mu.

Gabar waɗannan ƙungiyoyi biyu ta girmi kakannin wasunmu. Tun 1921 suke karawa, sun haɗu fiye da sau 200. Chicago birni ne na mutum miliyan biyu da ɗoriya, Green Bay kuwa ɗan gari ne da mutanensa ba su wuce dubu ɗari da kaɗan ba, kuma ƙungiyarsu ba ta wani attajiri ɗaya ba ce, magoya baya ne ke da hannun jari a cikinta. Akwai raini a tsakani, akwai jin zafi, duk irin abin da muka sani. Abin da ya fi jan hankalina da na fara kallo shi ne mutanen da ba sa taɓa ƙwallon ma: masu usur da masu makirufo.

Alƙalai bakwai ne a fili, duk da riga mai zanen baƙi da fari. Shida na sa baƙar hula, babbansu na sa fara. Idan ɗaya ya ga laifi sai ya jefa wani ɗan ƙyalle rawaya a ƙasa. Sai su taru su yi shawara, sannan mai farar hular ya fito tsakiya, ya kunna makirufon da ke jikinsa, ya fuskanci jama'a ya faɗi laifin, da lambar wanda ya yi, da hukuncin. Filin gaba ɗaya na ji, na gida ma na ji. Tun 1975 suke haka. Ranar da na fara gani dariya na yi, na ce wannan alƙalin wasa ne ko mai shela? Daga baya dariyar ta tsaya, don na tuna abin da ya same mu.

Wanda ya je fili ranar ya san abin da nake nufi. Saura 'yan mintuna a tashi muka zura ƙwallo, alƙali ya busa, ya nuna hannu, ya juya baya ya yi tafiyarsa. Bai ce wa kowa uffan ba. Yaron da ke riƙe da lasifika, wanda tun farkon wasa yake ta "aboki, aboki" yana sa mutane dariya, ya ƙara da wata maganar shanu da ba zan maimaita ba. Namu suka yi kan alƙali. Aka fasa wa wani ɗan aji ɗaya kai, yaron da ko takalmin ƙwallo bai sa ba, kallo ya zo. Yau ga biyu daga cikinmu suna jiran kwamitin ladabtarwa, ɗaya a shekararsa ta ƙarshe yake, mahaifinsa gona ya jinginar ya turo shi nan.

To ga abin da ba ma son a faɗa: na ga bidiyon da wata ta ɗauka daga gefen layi, na maimaita shi ya fi sau goma. Satar gida ce. Ɗan wasanmu ya wuce da kusan taku guda. Alƙalin nan daidai ya busa. Laifinsa shi ne da ya raina mu har ya ga ba sai ya yi mana bayani ba, kuma wannan laifi ne babba. Amma saƙon muryar da wani namu ya saki a daren, cewa an ga lokacin da aka ba alƙali kuɗi, wallahi babu wanda ya kawo shaidarsa har yau. An dai yi ta turawa, har gurup ɗin wasu makarantu ya kai.

Bari in koma Amurka, don su ma an yi musu irin wannan, har ta fi tamu ciwo. Ranar 5 ga Nuwamban 1989, a filin Lambeau na Green Bay, Bears na gaba da maki 13 da 7, saura daƙiƙu 32. Mai jefa ƙwallon Packers, Don Majkowski, ya ruga ya jefa wa Sterling Sharpe, ya cafe a cikin gidan Bears. Fili ya kaure. Sai ga ƙyalle rawaya a ƙasa: alƙalin layi, Jim Quirk, ya ce Majkowski ya tsallake layin da aka fara wasan kafin ya saki ƙwallon, kuma a dokarsu idan ka wuce layin nan ba ka da damar jefawa gaba. An soke ci ke nan. Amma akwai wani alƙali a sama mai duba bidiyo, Bill Parkinson. Ya yi kusan minti huɗu yana dubawa, sannan ya ce ci ya tabbata. Aka buga ƙarin maki ɗaya, Packers suka ci 14 da 13, bayan Bears sun yi ta lallasa su sau takwas a jere.

Mutanen Chicago ba su yarda ba, kuma har gobe akwai dattawan da ba su yarda ba. Me ƙungiyar ta yi? A littafin bayanan da take bugawa duk shekara, sai ta riƙa sa 'yar alamar tauraro a gefen sakamakon wasan, da nuni cewa wasan bidiyo ne, ta yi shekaru tana haka. Raini ne, gatse ne, amma a takarda ya tsaya. Su kuma masu gasar suka ci gaba da jayayya a kan tsarin kansa: suka daina duba bidiyo a 1992, suka dawo da shi a 1999 da sabon salo, inda koci ke jefa jan ƙyalle idan yana ƙalubalantar hukunci. Ban ce makirufo ko bidiyo na kashe fushi ba. Wasan nan shaida ne cewa ba sa kashewa. Sai dai idan an faɗa maka abin da aka hukunta, ka san a kan me kake jayayya. Mu ranar ba mu san a kan me muke faɗa ba, kowa da abin da ya cika wa kansa.

Akwai wani wasan kuma, shekara uku kafin wannan, a Chicago. Wani ɗan Packers, Charles Martin, ya shigo fili da tawul a ƙugu wanda aka rubuta lambobin 'yan Bears da yake hari. Bayan Jim McMahon ya riga ya jefa ƙwallo, wasa ya yi wani gefen, Martin ya zo ta baya ya ɗaga shi ya maka da ƙasa a kan kafaɗar da dama ke ciwo. McMahon bai sake buga wasa ba a kakar. Alƙali Jerry Markbreit nan take ya kore shi daga fili, aka kuma dakatar da shi wasa biyu. Ni ɗan Packers ne, amma idan na kalli bidiyon nan kunya nake ji. Ku ɗauka a ce Markbreit "namu" ne, an kawo shi don ya kare mu, ya kau da kai. Me kuke jin zai faru a fili mai cike da mutanen Chicago?

Wannan shi ne tsorona da sharaɗinmu. Duk ɗan Arewan da muka tsayar mun riga mun ɗaure shi. Ya busa mana, a ce dama don haka aka kawo shi, ko da gaskiya ya busa. Ya busa a kanmu, mu ce ya sayar da mu, kuma da shi za mu haɗu a masallaci da magariba. Sannan idan mun samu a wannan karon, wasa na gaba su ma za su ce sai nasu, kuma sun fi mu yawa a makarantar nan nesa ba kusa ba. Mu da muke 'yan tsiraru mu ne muka fi kowa buƙatar a ce alƙali ba na kowa ba ne.

Kuma kada a kawo mana na araha. A 2012 masu gasar Amurka sun yi rigimar kuɗi da alƙalansu, suka ɗauko na wucin gadi daga ƙananan gasanni. Ranar 24 ga Satumba, a wasan Packers da Seattle, ƙwallon ƙarshe ta faɗo tsakanin mutum biyu, alƙalai biyu suna tsaye a wurin, kowa ya yi alama daban. Aka ba Seattle, 14 da 12. Cikin kwana biyu aka sasanta da alƙalan asali. Mu kuwa kullum sai mu tara kuɗin riguna da na ruwan leda, alƙali kuma a kamo duk wanda aka gani da usur a wuya.

Maganar lasifika kuma, a nan na ɗan bambanta da masu cewa mai sharhi dole ya zama ba ya kowane ɓangare. Su Amurkawa iri biyu suke da shi. Na talabijin da ke yi wa ƙasa duka, irin su Joe Buck da Troy Aikman, ana sa ran su tsaya a tsakiya, kuma duk da haka kowane ɓangare na rantsuwa cewa sun tsane shi. Tashoshin ma har tsofaffin alƙalai suke ajiyewa, kamar Mike Pereira da Fox ta ɗauka a 2010, don idan an yi hukunci mai rikici a ji ta bakin wanda ya san doka. Na rediyo kuwa kowace ƙungiya da nata, kuma ba ya ɓoye inda zuciyarsa take. Jeff Joniak na Bears idan sun ci har muryarsa na dishewa. Wayne Larrivee na Packers an san shi da kiran wuƙa, wato ga sukar da ta gama da abokan hamayya, idan wasa ya tabbata nasu ne.

Abin dariyar shi ne Larrivee ɗin nan shi ne muryar Bears a rediyo daga 1985 zuwa 1998, kafin ya koma Packers a 1999. Shekara goma sha huɗu yana yi wa Chicago ihu, sannan ya tsallaka wajen abokan gabarsu, kuma mutanen Green Bay suka karɓe shi. Na zauna na saurari sharhinsa da na Joniak a kan wasa ɗaya, abokin ɗakina na gefe yana tsokana. Ɗaya na murna ɗaya na baƙin ciki, amma ƙwallon da ta faɗi ƙasa duk su biyun sun ce ta faɗi. Ban kuma ji ɗayansu ya taɓa iyayen kowa ko garin kowa ba. Yaron da ya riƙe mana lasifika ranar, son ƙungiyarsa bai dame ni ba. Ya so ta mana. Da ya bar ƙwallo ya koma kan ƙabilarmu, a nan ya ɓata. Kuma mu faɗi gaskiya, idan muka ba wani namu makirufo da zafin da ke zukatanmu yanzu, mun san kalmomin da za su fito, mun san sunayen da muke kiran su da su idan muna mu kaɗai.

Na san za a ce ina kwatanta gasar biliyoyin daloli da filinmu da akuya ke kiwo a bayan raga. Haka ne. Ba mu da kyamara ashirin. Amma lasifikar nan guda ɗaya da ake haya, wayarta na kaiwa bakin layi. Ko ƙwallon ƙafar da muka saba ta fara kwaikwayo, a gasar kofin duniya ta mata ta 2023 alƙalai sun riƙa sanar da hukuncin VAR da bakinsu a fili.

Don haka ga abin da zan kai taron ranar Asabar bayan la'asar. A nemo alƙali mai takarda daga wajen makaranta, hostel biyun su raba kuɗinsa, kyaftin biyu su sa hannu a kan sunansa tun kafin ranar. Duk ƙwallon da aka soke, ko fanareti, ko jan kati, ya zo bakin layi ya faɗi dalili a lasifika, ko da jimla ɗaya ce. Kyaftin kaɗai ke masa magana. Masu sharhi biyu, ɗaya namu ɗaya nasu, kowa ya faɗi ɓangarensa tun farko, wanda ya ambaci ƙabila ko addini a karɓe makirufon.

Sannan wanda ya saki saƙon muryar nan, ya san kansa, ni ma na san shi, abokina ne. Ina roƙonsa ya zo da shaidar ko ya janye kafin kwamiti ya zauna ranar Laraba, don na ji an ce saƙon na cikin abin da za a kunna a gaban yaran nan biyu. Ni zan zo da bidiyon satar gidan a wayata, duk mai son gani ya same ni a ƙofar masallaci.