Lissafin da ke bayyana yadda abu ke gama gari

Akwai maganar da ta zama ruwan dare a bakin mutanenmu: "Ni kaɗai me zan hana?" Mai tura saƙon WhatsApp bai tantance ba ita yake faɗa, haka ma uban da ya ɓoye ɗansa ranar rigakafi. Ina da yaƙinin maganar nan kuskure ce, kuma lissafi ya tabbatar da haka tun sama da shekara 60.

A 1959 da 1960 wasu masana lissafi biyu 'yan ƙasar Hungari, Paul Erdős da Alfréd Rényi, suka yi nazarin abin da ke faruwa idan aka zuba ɗigo masu yawa, aka riƙa haɗa su bibbiyu ta hanyar ƙuri'a. Mu kawo abin gida. A ce an ɗauki gida 1,000 a unguwar Darmanawa ta Kano, babu wanda ya san wani. Kowane lokaci a jefa ƙuri'a a fito da gida biyu, a ƙulla musu zumunci. Ko an ƙulla sau 400, 'yan ƙananan rukunai za a gani a warwatse, labarin da ya shiga ɗaya a nan zai mutu. Amma da zarar an haura 500, wato idan aka raba daidai kowane gida ya samu alaƙa fiye da ɗaya, sai rukunan su soma haɗiye juna. Kafin a kai 1,000, kusan gida 800 sun zama tsintsiya ɗaya. Canjin ba a hankali yake zuwa ba. Iyaka ce siririya: ƙasa da ita abu ya mutu a lungu, sama da ita ya gama gari.

Wani zai ce ai zaman mutane ba ƙuri'a ba ne. Gaskiya ne. Mu dangi ne ke haɗa mu, da masallaci, da Islamiyya, da gidan biki. Sai dai a 1998 Duncan Watts da Steven Strogatz sun nuna cewa ko a al'ummar da kowa ke tare da nasa, alaƙa kaɗan mai dogon zango ta isa ta gajarta tazara. Irin wannan ba mu rasa ta ba. Mai adaidaita sahu da ya ɗauki fasinja a Gyadi-Gyadi da safe, da hantsi yana Kantin Kwari. Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano yana nan a maƙwabtanmu, majinyata da masu dubiya na zuwa masa daga jihohi daban-daban.

Kano ta ɗanɗana wannan. A 2003 aka dakatar da rigakafin shan inna saboda zargin da ya bazu a kansa, ba a dawo da shi ba sai 2004. Fargabar mutane tana da tushe, domin ba a manta da gwajin maganin Trovan na 1996 ba. Amma cikin 'yan shekarun da suka biyo baya cutar ta tsallaka ƙasashe kusan 20, har Yaman da Indunusiya. Da sarakuna da malamai suka shiga gaba, aka toshe hanyoyin cutar gida-gida, har aka wanke Najeriya daga nau'inta na asali a 2020.

Ƙa'idar ɗaya ce ga cuta da jita-jita. Idan kowane mai ɗauke da ita yana isar wa fiye da mutum ɗaya, za ta haɓaka. Idan bai kai ɗaya ba, za ta mutu da kanta. Mai ƙyanda ɗaya na iya harbar mutum 12 zuwa 18 idan ba su da kariya, shi ya sa ake son a yi wa kashi 95 cikin 100 na yara allura. A irin wannan lissafi, gida goma a layi ɗaya suna iya karkatar da ma'auni.

Don haka ina kira ga masu unguwanni da limaman ƙaramar hukumar Tarauni, waɗanda alaƙarsu ta fi ta kowa yawa, su san nauyin abin da suke isarwa. Malaman lissafi a sakandare da Jami'ar Bayero su koyar da wannan fanni da misalan unguwanninmu. Kai kuma mai riƙe da waya, kafin ka tura saƙo ka tambayi wanda ya faɗa da inda ya ji. Idan babu amsa, ya tsaya a hannunka.