Mazaɓar Sabo Ta Ibadan: Tarihin Iyakarta Da Darasin Da Ke Ciki



Ni dai sai da na girma na shiga ajin yaƙi da jahilci, shi ya sa har yau duk rubutun da na gani a bango sai na tsaya na karanta. Wata rana ina duba sunayen masu zaɓe da aka manna a unguwarmu ta Sabo, sai na ga an rubuta mazaɓarmu da lamba ta 6, a gefe kuma an sa N6A. Na tambayi matasan da ke wurin ma'anar wannan lamba, babu wanda ya sani. Daga baya dattawa da littattafai suka warware mini, na gane ashe ragowar sunan wata tsohuwar mazaɓa ce ta majalisar birnin Ibadan. Majalisar ta daɗe da rushewa, amma tarihinta ya shafe mu.

A zamanin waccan majalisa an yanka Ibadan ne daga tsakiya, wato wajen Oja'ba da ɗakin taro na Mapo wanda aka gina a 1929. Kowace mazaɓa aka ba ta harafi da lamba gwargwadon ɓangaren da take. Harafin N na arewacin gari ne, C kuma na tsakiya. Mazaɓar N6 tana can bakin gari ta arewa, inda baƙi suka fi yawa. Da gari ya bunƙasa sai aka raba ta biyu, N6A da N6B, aka kuma sake rarraba su. Yau tsohuwar N6 ta zama mazaɓu 5 cikin 12 na Ƙaramar Hukumar Ibadan ta Arewa, sun haɗa da Sabo, Oke Itunu, Sango, Mokola da Bodija. Sabo kuwa ta samu tata ita kaɗai, ita ce ta 6.

To yaya aka yi muka zo nan? Kakanninmu fatake sun daɗe suna zuwa Ibadan, suna sauka a gidajen Yarabawa a cikin gari. Jirgin ƙasa ya iso Ibadan a 1901, ya kai Kano a 1911, cinikin goro da shanu ya haɓaka. A 1916 aka ware wa Hausawa fili kusa da Mokola da filin sukuwa, inda filin wasa na Adamasingba yake yanzu, aka kira wurin Sabo. A wancan lokaci babu zancen ƙuri'a. Sarkin Sabo ne ke tsayawa tsakanin unguwa da hukumar gargajiya, shi ke karɓar haraji, shi ke kai kuka.

Al'amari ya canja a 1952, lokacin da gwamnatin Jihar Yamma ta kafa dokar ƙananan hukumomi wadda ta maye gurbin tsarin En'e da majalisun zaɓaɓɓu. A zaɓen majalisar Ibadan na 1954, ƙawancen Mabolaje da NCNC ƙarƙashin Adegoke Adelabu ya kayar da jam'iyyar AG ta Cif Obafemi Awolowo, duk da cewa AG ce ke mulkin jihar. Adelabu ya zama shugaban majalisar, ya rasu a haɗarin mota a 1958. A waɗannan shekaru jam'iyyu suka shigo Sabo neman ƙuri'a, unguwa ta rabu gida-gida. Wani Bature masani, Abner Cohen, wanda ya zauna a Sabo a 1962 zuwa 1963, ya ƙirga mutanenta sama da 4,000, ya fitar da littafi a kansu a 1969. Ya nuna yadda tsoron rasa matsayinsu ya sa mutanen Sabo suka ƙara riƙe juna, har suka ware sallar Juma'arsu a 1952.

Juyin mulkin 1966 ya dakatar da siyasar jam'iyyu. A 1976 aka ƙirƙiro Jihar Oyo, aka yi wa ƙananan hukumomi garambawul a ƙasa baki ɗaya, birnin Ibadan ya zama hukuma ɗaya. A 1991 gwamnatin Janar Babangida ta raba ta gida 5, Sabo ta faɗa Ibadan ta Arewa mai hedkwata a Agodi.

Zaɓen ma bai riƙa zuwa a kan kari ba. Bayan na 2007, Jihar Oyo ba ta sake zaɓen ƙananan hukumomi ba sai a 2018. Bayan ƙarewar wa'adin waɗanda aka zaɓa a 2007, kantomomin riƙo ne gwamna ke naɗawa. Waɗanda aka zaɓa a 2018 an rushe su a 2019, Kotun Ƙoli kuma ta ce a 2021 rushewar ta saɓa wa doka. An sake zaɓe a 2021 da 2024. A watan Yulin 2024 Kotun Ƙoli ta yanke hukuncin cewa a riƙa biyan ƙananan hukumomi kuɗinsu kai tsaye, kuma mulkin kantomomi ba ya bisa tsarin mulki.

Ra'ayina a nan shi ne, a cikin duk kujerun siyasa babu wadda ta fi kusa da mu kamar ta kansila, kuma babu wadda muka fi wofintarwa kamarta. A zaɓen shugaban ƙasa ƙuri'armu ɗigo ce cikin kogi. A mazaɓa kuwa, ɗaruruwan ƙuri'u kan iya raba gardama. Kwatami, shara, rumfar kasuwa, harajin da ake karɓa a hannun 'yan tireda, asibitin sha-ka-tafi da makarantar firamare, duk ƙaramar hukuma na da hannu a ciki. Amma sai ka ga mutumin da ya shekara 30 a Ibadan, ya aurar da 'ya'ya a nan, katinsa na can garinsu. Ranar zaɓe ya hau mota ya tafi Arewa, ya dawo yana kukan ba a gyara masa lungu ba. Hausawa na cewa kowa ya bar gida, gida ya bar shi, amma mu manta muke yi cewa nan ma gida ne.

Na san abin da wasu za su ce. Za su ce mu baƙi ne, siyasar gari ta masu gari ce, kuma zaɓen da hukumar zaɓe ta jiha ke shiryawa jam'iyyar gwamna ce ke cinye shi. Maganar ta biyu akwai gaskiya a cikinta, mun gani a jihohi da dama. Amma ko a cikin jam'iyyar da ke cinyewa, ana tsayar da ɗan takara ne a taron mazaɓa, kuma wanda ba ya wurin da shi ba a rabo. Ta farko kuwa doka ta riga ta amsa. Sashe na 41 na tsarin mulkin 1999 ya ba kowane ɗan ƙasa damar zama a ko'ina a Nijeriya, sashe na 42 ya hana nuna bambancin ƙabila ko asali, sashe na 7 kuma ya ce duk wanda ya cancanci zaɓen majalisar jiha yana da damar ya zaɓa ko a zaɓe shi a ƙaramar hukuma. Dokar zaɓe ta 2022 ma ta amince mutum ya yi rajista inda yake zaune ko inda yake aiki.

Akwai kuma abin lura. Sabo ta yi sa'a iyakar unguwa ta zo daidai da iyakar mazaɓa. 'Yan'uwanmu na Bodija, Ojoo da Shasha ba haka suke ba, suna cikin mazaɓun da Yarabawa suka fi yawa. Su dole ne su haɗa kai da maƙwabta a kan ruwa da hanya da kasuwa, domin hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Mu ma na Sabo kada mu manta kansilanmu mutum ɗaya ne cikin 12, sai da abokai zai ci nasara a zauren majalisa.

Saboda haka ina roƙon kowane magidanci ya san lambar mazaɓarsa da sunan kansilansa. Idan an buɗe rajista, ya dawo da katinsa inda yake kwana, ya raka matansa da 'ya'yansa da suka kai shekara 18. Wanda bai iya karatu ba ya zo ofishin ƙungiya mu duba masa.

Allah ya ba mu zaman lafiya da maƙwabtanmu, ya sa mu dace. Wassalam.

Sakataren Ƙungiya