Rumun Ndur: Haifaffen Zariya a Filin Ƙanƙara

Mutumin Dogondutsi ko Tibiri in ya ji an ce ƙanƙara, abin da zai faɗo masa a rai shi ne dunƙulen nan da ake saye da yamma a watan azumi, a ruga da shi gida kafin ya narke. To, akwai ƙasashen da ake shimfiɗa ƙanƙara ta zama fili guda, ƙarti su sa takalma masu kaifin ƙarfe a ƙasa, su hau kanta da sanduna suna wasa, har su ci abinci da wannan sana'a. Sunan wasan hoki na ƙanƙara, kuma a wannan mako filin namu zai duba rayuwar wani ɗan wasan baya da aka haifa a ƙasar Hausa, wato Rumun Ndur, domin akwai abin da tarihinsa zai faɗa wa ƴan kokowarmu da iyayen ƙungiyoyinsu.

Ga yadda wasan yake. Kowane ɓangare yana da mutum 6 a fili: mai tsaron raga 1, ƴan baya 2, ƴan gaba 3. Ba tamola suke bugawa ba, wani faifai ne na baƙar roba mai tauri, nauyinsa kamar giram 170, wanda in gwani ya maka masa sanda gudunsa kan wuce kilomita 150 a awa. Ana yin zagaye 3, kowane minti 20, a fili mai tsawon kusan mita 60 da aka kewaye da katanga. Aikin ɗan baya shi ne mafi ƙarancin yabo: yana sulɓi da baya-baya fuskarsa na kallon abokin gaba, ya tare shi da ƙirji, ya matse shi da katanga, in an harbo faifan nan ya tara jikinsa don kada ya isa raga. Wanda ya jefa ƙwallo shi ake yi wa tafi, wanda ya hana a jefa kuwa sai masana ke lura da shi.

An haifi Rumun Ndur a Zariya ranar 7 ga watan Yuli na 1975. Yana ƙaramin yaro iyayensa suka ƙaura Kanada, ya tashi a jihar Ontariyo, musamman a garin Hearst da ke can arewa, garin da yawancin mutanensa Faransanci suke yi kamar ma'aikatanmu, amma hunturunsa kan daskarar da koguna wata da watanni. A irin wannan wuri yaro kan koyi sulɓi a ƙanƙara kusan tare da koyon tafiya, kamar yadda yaron Arewa kan koyi kamun kokowa a dandali bayan girbi ba tare da wani ya ce masa ga darasi ba.

Ya yi wasan samari a ƙungiyar Guelph Storm. A 1994, a taron da ƙungiyoyin babbar gasar Amurka da Kanada, wato NHL, suke zaɓen matasa ɗaya bayan ɗaya, ƙungiyar Buffalo Sabres ta ɗauke shi, shi ne na 69 a jerin waɗanda aka zaɓa. Mai jin Faransanci zai gane cewa sunan ƙungiyar yana nufin takubba, irin takobin da ƴan kokowarmu suke nema tun 1975. Ba a kai shi babban fili kai tsaye ba, an fara ajiye shi a ƙungiyar reno ta Rochester Americans, wadda ta ci kofin Calder a 1996 yana cikinta. A kakar 1996 zuwa 1997 ya fara buga wa Buffalo, ya zama mutum na farko haifaffen Najeriya da ya taka filin NHL.

A tsakiyar kakar 1998 zuwa 1999 ya koma New York Rangers, ya zauna ɗaki guda da Wayne Gretzky, wanda ya fi kowa suna a tarihin wasan, a shekarar da Gretzky ya yi ban kwana da fili. Kaka ta gaba kuma ya buga wa Atlanta Thrashers a shekararta ta farko. Daga nan ƙofar NHL ta rufe masa yana ɗan shekara 25. Jimillar abin da ya yi a can: wasa 69, ƙwallo 2, da mintocin horo sama da 130.

Wannan adadi na ƙarshe shi ne zuciyar labarin. A hoki, wanda ya yi laifi ana fitar da shi ya zauna a wani ƴan keɓe na ƴan mintoci, kuma dambe a tsakiyar wasa minti 5 ne hukuncinsa a gasannin Amurka da Kanada, ba kora ba. Saboda haka ƙungiyoyi a wancan zamani suna ajiye ƙato guda wanda aikinsa shi ne in an taɓa gwaninsu ya yar da safar hannu ya rama masa. Ndur ya shahara a wannan aiki, har aka yi masa laƙabi mai ma'anar dodon Najeriya. A kakar 2004 zuwa 2005 ya buga wa Danbury Trashers, ƙungiyar da wani attajirin kwashe shara mai suna James Galante ya kafa ya miƙa ragamarta ga ɗansa mai shekara 17, wadda jama'a ke cika fili don kallon faɗanta. A 2006 hukuma ta kama attajirin, ƙungiyar ta watse, kuma a 2021 kamfanin Netflix ya fitar da fim a kan wannan badaƙala. Ndur ya ci gaba da neman abinci har Ingila, inda ya buga wa Coventry Blaze.

Kowa ya ci zomo ya ci gudu, in ji masu iya magana, amma a nan mai gudun daban, mai cin naman daban. Masu ƙungiya ke kwashe kuɗin ƙofa, ɗan wasa kuwa da kansa da haƙoransa yake biya. A 2011 ƴan wasa uku da suka yi irin wannan aikin dambe, Derek Boogaard da Rick Rypien da Wade Belak, suka rasu cikin ƴan watanni, babu wanda ya kai shekara 40. Da likitoci suka bincika ƙwaƙwalwar Boogaard sai suka tarar da cutar nan da yawan bugun kai ke haifarwa. Tun daga lokacin dambe ya ragu ƙwarai a gasar.

Akwai kuma nauyi na biyu da baƙar fata ke ɗauka a wannan wasa. Sai a watan Janairu na 1958 baƙar fata na farko, Willie O'Ree, ya buga a NHL, shekara 40 bayan kafa ta a 1917. A 2019 wani haifaffen Najeriyar, Akim Aliu na garin Okene, ya fallasa zagin wariyar launi da mai horar da shi Bill Peters ya taɓa yi masa, abin da ya sa Peters ya sauka daga horar da Calgary Flames.

To mene ne namu a ciki? Abu na farko, baiwa ba ta da ƙasa, fili ne ke da ƙasa. Da Ndur ya tashi a Zariya ko a Matankari, da wannan ƙirji nasa wataƙila a fagen kokowa ko dambe za a san shi. Ya zama ɗan hoki ne saboda akwai fili a unguwarsu, da mai koyarwa, da gasa mai hawa-hawa daga yara zuwa manya. Mu ma mun ga haka: Isaka Dabore ya kawo wa Nijar lambar tagulla a damben Olimfik na 1972, Abdulrazak Isufu Alfaga ya kawo ta azurfa a tekwando a 2016. Shekara 44 ke tsakani, ba don an daina haihuwar ƙarfafa ba.

Abu na biyu, jikin ɗan wasa jari ne mai ƙarewa. Jihar Doso tana alfahari da Salma Ɗan Rani, wanda filin kokowar birnin ke ɗauke da sunansa, da Isaka Isaka da ya ci takobi sau da dama. Amma a bayan kowane sarki akwai ɗaruruwan samari daga ƙauyukan Dogondutsi da Tibiri da suka kare a zagayen farko, wasu da targaɗe, wasu da karaya, suka koma gona ba mai tambayarsu. Su ne ƴan bayan kokowarmu, da su gwani ke wasa ƙarfinsa, da su fage ke cika.

Kiranmu ga magadan gari da sarakuna da shugabannin kokowa na Arewa shi ne a riƙa ware wani kaso daga kuɗin ƙofa da na karramawa don jinyar wanda ya ji rauni, a tabbatar da ma'aikacin lafiya a bakin kowane fage ko da na ƙauye ne, a kuma matsa wa matashi ya riƙe karatu ko sana'ar hannu tun yana tashe. Ndur ya yi wasa 69 kacal a babban fili bayan shekaru na shiri, alhali yana ƙasar da ke da komai. Wanda ke ƙasar da tanadi ya yi ƙaranci ya fi shi buƙatar tunanin ranar da makaɗa za su koma kiran sunan wani.

Sai mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.