Ra'ayinmu: A Ba Mu Kwamfuta Ɗaya Mu Koyi Tsara Mod



Tun ranar da aka liƙa takardar hana buga gem a ƙofar ɗakin kwamfuta maganar ta ƙi mutuwa, a aji ne ko a filin ƙwallo. Mu 'yan ƙungiyar jarida mun zauna a kanta, kuma abin da za mu fara faɗi ba zai yi wa wasu abokanmu daɗi ba: hukumar makaranta tana da hujja. Wani daga cikinmu ne ya shigo da filash cike da GTA San Andreas da tarin mod, ya juye su a kwamfutar da 'yan SS3 ke gwajin JAMB a kai. Kwamfutar ta rikice, sai da malamin kwamfuta ya goge ta tas ya sake ɗora mata Windows, tambayoyin gwajin da aka daɗe ana tarawa suka tafi. Duk wanda zai zauna jarrabawa bana ya san wannan ba ƙaramar asara ba ce.

Sai dai takardar ƙofa ba ta kai gida. Irin wannan ɓarnar ita ake yi wa laftof ɗin yaya ko na baba idan sun fita, a dawo a tarar gem ba ya buɗewa, wuri ya cika, a rasa abin da aka taɓa. A ganinmu ciwon rashin iya tsara fayil ne, kuma wannan darasin kwamfuta ne, wurin koyonsa makaranta.

Ga waɗanda ba su san mod ba, musamman iyayenmu malamai: kwaskwarima ce da masu buga gem ke yi masa da kansu. Wani ya sauya rigunan 'yan ƙwallo a PES, wani ya ƙara mota a GTA, wani ya gyara kuskuren da kamfanin ya bari. Kada a raina sana'ar. Counter-Strike ya fara ne a 1999 a matsayin mod na Half-Life, wasu 'yan jami'a biyu, Minh Le da Jess Cliffe, suka haɗa shi, daga baya kamfanin Valve ya saye shi ya kuma ɗauke su aiki. Dota daga cikin Warcraft III ya fito. PUBG ɗin da ake bugawa a waya a kowace unguwa, mai shi Brendan Greene da yi wa Arma 2 mod ya soma.

To ina matsalar take? Gem tarin fayil ne a cikin folda ɗaya. Idan ka sa mod da hannu, kwafe fayilolinsa kake yi ka danne na asali. Na farko ya zauna lafiya. Ka sa na biyu, ashe shi ma yana son fayil ɗin da na farko ya taɓa, sai ya danne shi. Kafin ka kai na goma ba ka san wane ne ya danne wane ba. Ranar da gem ya fara rufe kansa, ka ce bari ka cire mod ɗaya, sai ka tarar ka bar rami, domin fayil ɗin asali ya riga ya tafi. Abin da ya rage shi ne a goge komai a sake saukewa, kuma kowa ya san kuɗin data. Wannan a gem ɗaya ke nan. Idan gem uku ne a kwamfuta ɗaya, kowanne da nasa tarkacen a cikin foldar saukewa ɗaya, sai Allah.

Don haka aka yi manhajojin kula da mod. Manyan su biyu ne, kuma duka kyauta suke.

Ta farko Mod Organizer 2. Dabararta ita ce ba ta taɓa foldar gem ko kaɗan. Kowane mod tana ajiye shi a nasa ɗakin, sai lokacin da ka kunna gem daga cikinta take nuna masa su kamar suna cikin foldarsa. Kamar ka shimfiɗa farar leda a kan taswira ka yi zanenka a jikin ledar: ka ɗage leda, taswira na nan yadda take. Sharaɗin shi ne dole ka kunna gem ta cikinta, in ka kunna shi kai tsaye ba zai ga mod ko ɗaya ba, kuma nan ne masu farawa ke zaton ta lalace. Ta fi ƙarfi a gem ɗin kamfanin Bethesda irin su Skyrim da Fallout 4, kuma kowane gem sai ka buɗe masa mazauninsa daban.

Ta biyu Vortex, ta shafin Nexus Mods. Abin sha'awa, wanda ya ƙirƙiri Mod Organizer ta farko shi Nexus suka ɗauka aiki a 2016 ya gina musu ita. Manhaja ɗaya ce take riƙe gem masu yawa, ka zaɓi wanda za ka yi aiki a kai ta nuna maka nasa mod kaɗai. Ita tana sa fayil a foldar gem, amma ba kwafi take yi ba. Mahaɗi take sawa, wato fayil ɗaya mai ƙofa biyu, ɗaya a ma'ajiyar mod ɗaya a foldar gem. Tana riƙe lissafin duk abin da ta sa, da dannawa ɗaya za ta janye su gem ya koma yadda yake. Saboda wannan dabarar dole ma'ajiyar mod ta kasance a ɓangaren rumbun kwamfuta ɗaya da gem ɗin. Gem yana D, ma'ajiya tana C, ba za ta yi ba. Rabin kukan da muke ji na cewa Vortex ta ƙi aiki daga nan yake.

Idan aka tambaye mu, ga kwamfutar da mutane da yawa ke rabawa kuma gem ɗin cikinta ba na kamfani ɗaya ba ne, Vortex ta fi sauƙi. Mai son Skyrim kaɗai ya riƙe Mod Organizer 2. Abin da ba a yi shi ne a ɗora su biyun a kan gem ɗaya, kowace ba ta san abin da ɗayar ta yi ba. Masu PES kuma suna da Sider, wadda ita ma take karanto riguna da filaye daga tata foldar ba tare da ta danne na asali ba.

Manhaja kaɗai ba ta isa ba, sai da ɗabi'a. Kafin a sa mod ko ɗaya a kunna gem ɗin a tabbatar yana aiki, in ba haka ba za a ɗora wa mod laifin da ba nasa ba. Kowane gem a ba shi foldar saukewa da ma'ajiyarsa da sunansa a jiki, kada a cakuɗa. Mod kuma ɗaya bayan ɗaya ake sawa ana gwadawa. Mun san wannan yana da gundura, mu ma mun taɓa zuba ashirin a lokaci ɗaya muka kwana neman mai laifi. Fayil ɗin da aka sauke kada a goge shi bayan an ɗora, a kwafe shi a filash, domin data ɗaya ta yi wa mutum goma aiki. Kuma kada a fara babban aiki batiri na kusa da ƙarewa, a ɗauke wuta ana tsakiyar janye fayil.

Akwai abu biyu da suka fi ba mu sha'awa saboda su ne ainihin karatun. Na farko jeri. Idan mod biyu suna son fayil ɗaya, manhajar ba ta ɓoyewa, za ta nuna maka rigimar ta ce ka zaɓi wanda zai hau kan wani. Sai ka karanta bayanin kowanne, da Turanci kuwa, ka gane wanne ya dogara da wanne, ka yanke hukunci, ka gwada, in bai yi ba ka koma baya. Malaminmu na lissafi zai gane wannan hanyar, ita yake koya mana a allo. Na biyu shi ne kowane mutum zai iya buɗe nasa tsarin a cikin gem ɗaya. Wannan ya kunna mod biyar, wancan ya kunna uku, babu mai taɓa na wani. A ɗakin da ake layi a kan kujera ɗaya, wannan kaɗai ya kashe rabin faɗa.

Sai a kula da sabuntawa. A watan Nuwamba na 2021 Bethesda ta sabunta Skyrim don cikarsa shekara 10, mod masu yawa suka daina aiki sai da masu su suka gyara. Mod ana yin sa ne don wani zubi na gem, in gem ya sauya zubi dole a jira.

Yanzu ga inda malamanmu suka fi mu gaskiya. Manhajar kula da mod ba maganin bairos ba ce. A watan Yuni na 2023 an gano wata muguwar manhaja da aka sa wa suna Fractureiser a cikin wasu mod na Minecraft a shafin CurseForge, tana satar kalmomin sirri, kuma wannan sanannen shafi ne ba lungu ba. In haka ta faru a can, ina ga fayil ɗin da aka turo ta WhatsApp ko aka juyo a shagon tura finafinai? Haka nan yawancin gem ɗin da ke yawo a filash ɗinmu na sata ne, an fasa su, ba a san abin da aka cusa a ciki ba. Ba za mu roƙi makaranta ta ɗora irin waɗannan ba. Kuma gem yana cin lokaci, wanda ya musa bai taɓa cewa saura minti biyar ba har aka kira magariba.

Ga abin da muke roƙo. A ware kwamfuta ɗaya, ko da mafi tsufa ce a ɗakin, wadda babu gwajin JAMB ko sakamakon jarrabawa a cikinta kuma ba a haɗa ta da sauran ba. A buɗe ta rana ɗaya a mako bayan tashi, malamin kwamfuta yana wurin, shi kaɗai ke da ikon ɗora sabon abu. A fara da gem na kyauta na halal. Luanti, wanda har zuwa 2024 ake kira Minetest, yana kama da Minecraft, yana tafiya a ƙaramar kwamfuta, yana da wurin sauke mod da kunna su a cikinsa, kuma da harshen Lua ake rubuta mod ɗinsa, wanda ɗan SS1 zai iya buɗewa ya karanta ya sauya lamba ya ga abin da zai faru. OpenTTD, na gina layin dogo da harkar sufuri, shi ma kyauta ne kuma yana da nasa wurin saukewa. Idan an ga mun riƙe amana zango ɗaya, sai a yi maganar Vortex da gem ɗin da aka saya da kuɗi.

Mu kuma mun ɗauki alkawarin ajiye littafi kusa da kwamfutar, duk mod ɗin da aka sa a rubuta sunansa da inda aka samo shi da wanda ya nema. Wanda aka kama ya soka filash ɗinsa ba da izini ba, a cire sunansa har ƙarshen zango, kuma ba za mu rubuta layi ɗaya a wannan allon don kare shi ba.

Mai goyon baya ko mai ja, ya jefa takardarsa a akwatin ƙungiya kafin ranar Alhamis. Za mu kai wa shugaban makaranta duka, har da na masu cewa a bar takardar ƙofa yadda take.