Sana'ar furodusa a Kano: Darasi daga Iyantama

Duk mai son fahimtar halin da masu shirya finafinan Hausa ke ciki, to ya dubi tarihin Hamisu Lamiɗo Iyantama, mai kamfanin Iyan-Tama Multimedia, wanda ya tsaya takarar gwamnan Kano a 2007.

A shekarar ne gwamnatin Malam Ibrahim Shekarau ta naɗa Abubakar Rabo Abdulkarim shugaban Hukumar Tace Finafinai ta jihar, bayan abin kunyar da aka fi sani da na Hiyana.

A watan Disamban 2008 wata kotun tafi-da-gidanka ta ɗaure Iyantama, bisa zargin sakin fim ɗinsa Tsintsiya ba tare da hukumar ta tace shi ba. Ya musanta zargin, kuma ya fito a 2009.

Fim ɗin, wanda ofishin jakadancin Amurka ya tallafa, yana kira ne ga zaman lafiya tsakanin ƙabilu da addinai.

Hukunci ba tallafi

Wannan shari'a ta fito da wata matsala fili. Tun da aka kafa hukumar a 2001, abin da ya fi haɗa furodusa da gwamnati shi ne rajista da tara da dakatarwa.

A Faransa kuwa, hukumar CNC da aka kafa a 1946 tana karɓar haraji daga kowane tikitin sinima, ta mayar da kuɗin ga masu shirya fim da marubuta labari. Hatta finafinan Amurka da ake nunawa a ƙasar suna zuba kuɗi a wannan asusu.

A 2016 gwamnatin Muhammadu Buhari ta yi yunƙurin gina ƙauyen fim a Kofa, ƙaramar hukumar Bebeji, yankin madatsar ruwan Tiga mai shayar da gonakin rani na Kura da Bunkure. Malamai da dama suka ce aikin zai gurɓata tarbiyya, gwamnati ta janye.

Bayan da satar fasaha ta durƙusar da kasuwar faifai, furodusoshi sun koma YouTube da tashoshi irin su Arewa24. Nan ma hukumar ta bi su: a Mayun 2025 ta dakatar da finafinai masu dogon zango 22.

Damuwar malamai game da tarbiyya na da magoya baya sosai a Kano. Sai dai furodusan da ke cin bashi ya yi fim zai bi abin da kasuwa ke so ne. Muddin hukuma ba ta sa kuɗi a rubutun labari ba, zai yi wuya ta samu irin finafinan da take nema.